Ƙidayar Sawu a Gadabeji

Tun zakaran Bermo bai buɗe baki ba
na rataya gora, na hau tudun yashi.
Iskar dare ta wanke allon jiya tas,
dawa ta sake sabon rubutu.
Ni ɗan Arzika ne, ban zauna lakwal ba,
wannan karatun na ɗauke shi ina ɗan bakwai,
ina bin tsoho a baya, riƙe da kwarinsa,
yana nuna mini da tsinke: ga kofaton barewa.

Yau ɗan littafi ne a aljihuna.
Kowane sawu in ja masa layi ɗaya.
Barewa huɗu sun gangara kwari da asuba,
ta baya tana ɗingishi da ƙafar hagu.
Dila, malamin daji, ya raka su har gindin anza,
sai ya tuna yana da wani uzuri.
Tuji ya taka nan, ya tsaya, ya yi shawara,
ya tashi ya bar mini gashi guda a kan aduwa.

Tsoho ya ce a zamaninsa jiminu
kan tare hanya kamar mata ranar kasuwa,
ƙwai ɗaya ya ƙosar da gida.
Gashin ta ƙarshe da ya halba
a Dakoro ya sayar, ya sayo kanwa da sukari.
Da ciwo ya kwantar da shi ya ce mini,
"Illo, wai ina suka tafi ne?"
Na dubi bakan da ke rataye bisa kansa,
na gyara masa mayafi,
na ce, "Baba, sha ruwa."

Ranar da aka kawo raƙuman dawa a mota,
kawunansu sun zarce rufi, suna kallon ƙasar baƙunta,
yara sun bi ƙura da gudu.
Tsohuwa Dudu ta ajiye ƙwaryar nono,
ta rufe baki da hannu:
"Ashe kakata ba tatsuniya ta yi mini ba."
Yanzu in sun tsaya cin kandili da maraice,
sai ka rasa wane ne icce, wace ce inuwa.

Bara da rani ya yi tsanani
Laɓɓo ya zo bakin iyaka da shanunsa,
haƙarƙarinsu kamar tankar ɗaki.
Ya dubi ciyawar ciki, ya dube ni:
"Ita ciyawa ta san takarda?"
Ban amsa ba. Nonon shanunsa na sha da safe.
Ya kora su arewa, bai yi mini sallama ba.
Amma daren da gobara ta taso daga yamma,
ƙarangiya tana tartsatsi, sama ta yi ja,
wa na gani gabana da ɗanyen reshe,
rawani jiƙe, gira a ƙone?
Har yau ba mu tada zancen ba,
sai dai shayi da gaisuwa.

Hantsi ya yi. A bayan tumfafiya
ga babban kofato, faɗin faifai,
ga wani kusa da shi, bai cika tafin hannuna ba,
yana tangaɗi, bai iya miƙe hanya ba tukuna.
Na durƙusa. Na ja layi, hannuna yana rawa.
Wannan ba mota ta kawo shi ba,
nan ya faɗo, a kan yashinmu.

Taku goma gaba, sai ga sawun babur,
sabo, iska ba ta taɓa shi ba,
ya bi inda barewa mai ɗingishi ta bi.
Shi ba shi da gurbi a littafina.
Na kurɓi ruwa, na ɗaure takalmi,
na bi shi da karatun da mahalbi ya koya mini,
rana tana hawa.